"Ai montaj ne": mi mai haɗa fim ɗin dokimanter ke yi, kuma ina almakashinshi ke tsayawa?

Kwanan nan da wuya a turo bidiyo cikin gurup ɗin WhatsApp na unguwa ko na ƴan kasuwa ba a samu wanda ya rubuta a ƙasa ba, "ku bar shi, montaj ne". A bakinmu nan Maraɗi kalmar ta riga ta koma ƙarya, wato an ɗauko kan wani an ɗora ma jikin wani, ko an sa ma mutum maganar da bai faɗa ba. To sai ga yaro ya dawo daga Yamai ya ce ma tsohonshi abin da ya karanto shi ne montaj, ko ka ga sanarwar wani proje suna neman mai montaj na fim ɗin dokimanter, dattijo ya yi shiru yana tunanin ashe yanzu ƙarya ma har lakkwal gare ta. Ga kuma dokar laifukan intanet ta 2019 da aka yi ma gyara cikin Yunin 2024, aka maido da ɗauri kan ɓata suna da zagi da yaɗa abin da ka iya tada hankalin jama'a, abin da ya sa duk mai taɓa bidiyo ya fara tambayar ina ne iyaka.

Ruɗanin wuri guda ya taso. Babu fim ɗin da ba a yi ma montaj ba, har wanda ya fi kowane faɗin gaskiya. Abin dubawa shi ne wane irin yanka aka yi, wa ya yi shi, kuma wa ke tsaye bayanshi yana ce mashi cire wanga bar wancan.

Kalmomin tukuna

Dokimanter shi ne fim ɗin da mutanen cikinshi ba wasa suke ba. Ba kamar fim ɗin Kano ba da ake rubuta labari a ba ɗan wasa ya haddace, a nan manomi manomi ne, ungozoma ungozoma ce, abin da ta faɗa daga cikinta ya fito. Ya kuma bambanta da rahoton tele na minti biyu da ake ɗauka da safe a watsa da dare, dokimanter na iya bin mutum ɗaya shekara da shekaru. Wani ɗan Sikotlan, John Grierson, shi ake danganta ma yaɗa wannan suna tun 1926.

Realizater, wanda ƴan Kano ke ce ma darakta, shi ne mai fim, shi ya zaɓi batun, shi ya je ya zauna da mutane. Rush shi ne ɗanyen abin da kamara ta kwaso gaba ɗaya, da tari da kukan akuya da wurin da mai kamara ya manta bai kashe ba. Derushaj shi ne zaman kallon wannan tulin duka ana rubuta mi ke ina. Mai montaj, edita a bakin mutanen Najeriya, shi ne ke zaɓe daga ciki ya jera ya ɗinke har ya zama labarin da mutum zai zauna ya kalla bai tashi ba.

Inda bambancin yake shi ne, a fim ɗin wasa an riga an rubuta labarin kafin a kunna kamara, mai montaj bin takarda yake yana gyara. A dokimanter takardar ba ta nan, ko in tana nan rayuwa ta riga ta yage ta, don wanda aka zo dominshi ya tafi Kano cin rani, wanda ba a sa a lissafi ba kuma ya faɗi maganar da ta fi kowace nauyi. Kenan a teburin montaj ne ake rubuta labarin, bayan an gama ɗauka.

Daga almakashi zuwa ordinater

Yanka da ake cewa, da can yanka ne na zahiri. Fim zare ne mai faɗin milimita 16 ko 35, hoto 24 ke wucewa cikin sakan guda, gwangwani ɗaya na mita 120 na milimita 16 bai wuce minti 11 ba ya ƙare. A wanke shi a laburatuwar, a kawo ma mai montaj ya duba a na'ura, Moviola da ta fito a Amurka 1924 ko teburin Steenbeck na Jamus daga baya, ya yanke da ƙarfe ya manna da gam ko sikoci, guntayen da ya cire ya rataye su kamar mai shanyar kilishi. Da yake an ɗauki aikin kamar ɗinki, mata aka fi turawa ciki tun farko, kuma su suka zama gwanayen abin. A Rasha Esfir Shub ta haɗa fim sukutum a 1927 daga tsofaffin hotunan gidan sarautar da aka tumɓuke, ba ita ta ɗauki hotunan ba, jerin ne nata. A can Rasha ɗin ne Lev Kuleshov ya gwada abin da har yau ake koyarwa: fuskar mutum ɗaya, ba ta motsa ba, in ka biyo ta da kwanon miya sai mai kallo ya ce yunwa yake ji, in ka biyo ta da gawa sai ya ce baƙin ciki ne. Fuskar ba ta canza ba, maƙwabcinta ne ya canza.

Mu a nan tarihin ya ɗan karkata. Nijar na cikin ƙasashen Afirka ta Yamma da suka fara sinima da wuri, Mustapha Alassane da Oumarou Ganda sun yi suna tun shekarun 1960, Ganda ne ma ya fara cin babbar kyautar FESPACO, gasar finafinan Afirka ta Wagadugu, a 1972. Amma wurin wanke fim babu a ƙasar, sai a tura zaren Paris, can kuma ake montaj, sau da yawa a ofishin sinima na ma'aikatar hulɗar Faransa da aka buɗe a 1963. Wata Bafaranshiya, Andrée Davanture, ta haɗa finafinan manyan realizater na Afirka masu yawa, ta kuma kafa ƙungiyar ATRIA a 1980 don taimaka masu. Wato kamara na hannunmu, almakashi na can.

Ordinater ce ta karya wannan katanga. Manhajojin montaj suka zo, Avid ya fito 1989, Premiere 1991, Final Cut Pro 1999, yanzu DaVinci Resolve na da wanda ake saukewa kyauta, CapCut kuma na cikin wayar kowane yaro. Sai dai sauƙin ya zo da nashi kaya: da can tsadar zare na sa mai kamara ya yi tunani kafin ya danna, yau kart memuwar ba ta ƙarewa, sai a kwaso komi da komi a zube ma mai montaj a ce ka ga yadda za ka yi.

Abin da ke faruwa cikin ɗakin

Don a gane girman tulin: fim ɗin Claude Lanzmann na 1985 kan kisan Yahudawa a yaƙin duniya na biyu, awa kusan 350 aka ɗauka, aka fito da awa tara da rabi, kuma matar da ta yi montaj ɗin, Ziva Postec, ta kwashe kusan shekara shida a kai. A Amurka masu wannan sana'a na da wani ƙiyasi da suke ba masu kuɗɗi, wata guda na aiki ga kowane minti 10 na fim ɗin da aka gama. Nan kuwa proje zai kawo ma rush na kwana biyar ran Litinin ya ce Juma'a baƙi na zuwa daga Yamai za a nuna masu.

Aikin na farawa da kwafe rush a dis dur biyu, a daidaita sauti da hoto, a ba kowane guntu suna. Sai derushaj, sai rubuta duk maganar da aka yi, sai fassara in mai kuɗɗin ba ya jin Hausa. Daga nan a yi jerin farko mai tsawo, mummuna, wanda kowa ya san ba shi za a nuna ba, sai a fara sassaƙa, a matsar da wannan tsohuwa daga ƙarshe zuwa farko, a ga ba ta zauna ba, a maida ta. Gyaran launi da miksaj na sauti da rubutun ƙasa su ne ƙarshe, kuma a manyan wurare mutane daban ke yin su, nan mutum ɗaya ne ke yin duka har da kai kle USB a kan babur.

Na taɓa wuni bayan wani matashi mai montaj cikin ɗan shagonshi a unguwar Zariya, fanka na kaɗo iska mai zafi, ya toshe kunne da kaske yana aikin wani proje kan takin zamani. Cikin rush akwai wani dattijo manomi daga wajen Tibiri, an zaunar da shi gindin bedi, ya yi magana minti 40 da ɗoriya. A wani wuri ya ce, "Takin kam yana da kyau ɗana, wanda ya samu ya ga amfani." Sai ya yi shiru, ya kalli ƙasa, ya kori ƙuda, kamar sakan biyar, sannan ya ce, "Amma mu nan bai iso ba sai da hatsi ya fidda kai." Mutumin projen na tsaye da makullin mota a hannu, ya ce, "Ƙanena tsaya nan wajen amfani, sauran ba mu da lokaci." Matashin ya zare kaske ya ce, "Shef, in na tsaya nan Baba ya koma yabon abin da ya zo kuka a kai." Aka ja, aka ja. Ƙarshe aka bar jimlolin biyu, aka rage shirun zuwa sakan biyu, aka cire hoton allon projen da ya ci sakan takwas don a samu wuri.

A lura, ko wancan yankan da Shef ya so, ba kalma ɗaya da za a ƙara ma dattijon. Duk abin da za a ji shi ya faɗa da bakinshi, amma da ƙarya ce.

Ina yanka ke zama ƙarya

Akwai dabaru da kowa ke amfani da su kuma ba wanda ke gardama a kai: cire tari, cire maimaici, rage tambayar mai tambaya. In an yanke tsakiyar magana, kan mutum zai yi tsalle a hoto, sai a rufe wurin da hoton hannunshi ko rumbu ko awaki, shi ne ake ce ma plan di kup. Matsalar ita ce wannan mayafin da ke rufe tari shi ne kuma ke iya rufe ɗinkin rabin jimlar safe da rabin jimlar marece a fito da maganar da ba a taɓa yi ba.

A nan masu sana'ar suka rabu. Wasu na ganin a rage hannu iyakar iyawa, ba kiɗa, ba muryar mai ba da labari, a bar mai kallo ya yanke hukunci. Ba'amurken nan Frederick Wiseman haka ya yi aiki shekaru da dama, ba ya ko yin tambayoyi, amma shi da kanshi bai taɓa ɓoye cewa a ɗakin montaj yake gina fim ɗinshi ba, watanni yana zaɓe. Wasu kuma, irin su Werner Herzog na Jamus, na cewa jera abin da ya faru kamar lissafin akawu ba shi ne gaskiya mai zurfi ba, mai fim na da damar sarrafa abu don ya kai ga abin da ido ba ya gani. Ƴan jarida na tsakiya da tasu ƙa'ida mai sauƙin faɗa: ka gajarta yadda kake so, amma in mai maganar ya kalla ya ce eh abin da nake nufi kenan. Masu sukar na farko na cewa rashin kiɗa ba ya nufin rashin son rai, zaɓen ma son rai ne. Masu sukar na biyu na cewa da an buɗe wannan ƙofa ba wanda ya san inda za a rufe ta.

Misalai biyu daga ƙasar nan sun nuna abin. Jean Rouch, Bafaranshen da ya zo Nijar 1941 a matsayin injiniya ya kuma rasu a hatsarin mota kusa da Birnin Ƙonni a 2004, ya ɗauki farautar dorina ta Sarkawa a kogin Kwara, a montaj aka ɗora kiɗa don a ƙara ma abin armashi. Da ya dawo Ayoru ya nuna masu, sai masuntan suka ce wa ya taɓa jin kiɗa a farautar dorina, dabbar da ke da kunne, shiru ake. Ya cire kiɗan, kuma daga nan ya riƙe al'adar maida fim wurin mutanen da aka ɗauka su gani. Amma shi Rouch ɗin ne ya yi fim ɗin ƴan borin da ake ce ma Hauka na Akra a tsakiyar shekarun 1950, inda Suzanne Baron ta yi montaj, aka yanka daga ƙwan da ake fasawa a kan gunkin gwamna zuwa gashin tsuntsun da ke kan hular gwamnan Turawan Ingila na gaske a wajen fareti. Yanka ɗaya ya ce abin da ba wanda ya faɗa da baki, cewa ƴan borin na kwaikwayon mulkin mallaka ne. Wasu suka yaba, ɗaliban Afirka da suka kalla a Paris da dama suka fusata da yadda aka nuna baƙar fata, hukumar Ingila kuma ta hana nuna shi a Gana ta lokacin.

Na biyun ya fi kusa da mu. A 2005 kamarorin duniya sun cika Maraɗi saboda matsalar abinci, rahotannin BBC daga nan suka tada duniya, taimako ya shigo, shugaba Tandja Mamadou kuma ya musanta cewa yunwar ta kai yadda ake faɗa. A 2008 tashar TV 2 ta Norwe ta fito da dokimanter da ke cewa an zuzuta abin, har da hujjar cewa an nuna mutane na cin ganye kamar alamar halaka alhali wasu ganyayen abincinmu ne na kullum. BBC ta ƙi yarda, ta tsaya kan rahotonta, likitocin da suka yi aiki a cibiyoyin tamowa kuma yaran da suka gani ba na montaj ba ne. Duk ɓangarorin biyu da hotuna na gaske suka yi aiki. Wanda ya taɓa cin kwaɗon tafasa ko zogale ya san hoton mace na tsinkar ganye na iya nufin abu biyu, abin da aka sa gabanshi da bayanshi ne ke zaɓar wanne.

Maida fim ga mutanen ciki kafin a fitar ma ba a yi ittifaƙi a kai ba. Masu goyon baya na cewa haƙƙinsu ne, musamman talakan da bai san inda hotonshi zai kai ba. Masu ja na cewa in wanda aka ɗauka mai mulki ne ko babban ɗan kasuwa, ba shi damar gani daidai yake da ba shi almakashi.

Marubuci ne ko ma'aikaci

In dai a tebur ake rubuta labarin, to mi ya sa sunan mai montaj ke can ƙasan jenerik, jerin sunayen ƙarshen fim, lokacin da kowa ya tashi yana neman takalmi? A dokar Faransa, wadda dokokin ƙasashenmu da dama suka bi sawunta, waɗanda ake ɗauka kai tsaye a matsayin masu fim sun haɗa da marubucin labari, marubucin magana, mai kiɗan da aka yi ma fim ɗin, da realizater. Mai montaj ba ya ciki, ana biyanshi ladan aiki shi kenan. Duk wanda ke son ya san matsayinshi a nan gida, BNDA ce hukumar haƙƙin mallaka, kuma abin da aka rubuta a kontara shi ke magana.

Masu montaj da dama na ganin wannan tsari da fim ɗin wasa aka auna shi. Suna kawo misalin Charlotte Zwerin a Amurka, da ta kai ga an rubuta sunanta cikin masu ba da umarni tare da wasu realizater ƴan'uwa biyu, Maysles, a finafinansu na 1969 da 1970 saboda aikin da ta yi a tebur. Realizater kuma na da tashi hujja mai ƙarfi, shi ya yi shekaru yana shan fura a gidan mutane har suka yarda da shi, shi ya nemo kuɗɗin, shi ke da kalmar ƙarshe, kuma in an kai ƙara shi za a nema. Akwai ma masu cewa amfanin mai montaj shi ne bai je wurin ba, bai san wahalar da aka sha wajen ɗaukar wani hoto ba, don haka ba ya jin ciwon jefar da shi in bai yi ba.

Hanyar shiga sana'ar daga Maraɗi

Hanya biyu ce. Ta karatu ta bi ta Yamai, makarantar da aka fi sani da IFTIC ta daɗe tana horar da ƴan jarida da masu aikin tele, akwai kuma digirin dokimanter na jami'ar Gaston Berger a Saint-Louis ta Senegal, inda Sani Magori ɗan Galmi da Aïcha Macky ƴar Damagaram suka bi, ga dandalin finafinan dokimanter da Inoussa Ousseini ya assasa a Yamai. Sai dai a lura sunayen da aka sani duk na realizater ne.

Hanya ta biyu ita ce wadda mafi yawa ke bi a garin nan: bikin aure, suna, wa'azi, kokowa, tallar shago, bidiyon waƙa, wani ya ƙetara Kano ko Katsina ya zauna gun oga wata shida ya dawo. Wannan na koyar da sauri da sanin maɓallai, kuma ba abin rainawa ba ne. Abin da ba ya koyarwa shi ne haƙurin kallon awa 30 ba ka taɓa komi ba, da sanin cewa shirun tsohuwa wani lokaci ya fi maganarta. Mai biki na son walƙiya da fure na faɗowa da sunan amarya na juyawa, dokimanter kuwa mafi yawan aikinshi yanka ne tsura wanda ba a ma lura da shi.

Jarin da ɗan Maraɗi ke da shi wanda na Paris bai da shi kunne ne. Mai montaj da ba ya jin yaren da rubutun ƙasa yake aiki, zai ga an rubuta "mun gode Allah" ya ɗauka matar ta ce komi lafiya, bai ji yadda ta ja muryar ba. Zai ga ta ƙi faɗin sunan mijinta ko na ɗanta na fari ya zata akwai rikici, alhali kunya ce. Habaici, gatse, karin maganar Gobirawa da na Katsinawa, inda jimla ke ƙarewa da inda mutum ya tsaya numfashi kawai, duk wannan kunne ke kama shi.

Kuɗɗi kuwa, kaɗan ne ke da albashi, a RTN ko tashoshi masu zaman kansu, sauran aiki-aiki ne, yau proje gobe biki jibi zaman banza. Abin da ya fi cinye riba shi ne gyara mara iyaka, an gama an kai, shugaban ya ce a ƙara jawabinshi, mataimaki ya ce ba a gan shi ba, shi ya sa waɗanda suka daɗe ke karɓar avans su kuma rubuta tun farko sau nawa za a yi gyara. Sai kuran. Wutar yankin nan daga Najeriya take zuwa ta layin Katsina, kuma kowa ya tuna Agustan 2023 da aka yanke ta bayan juyin mulkin 26 ga Yuli, mai montaj da bai da pano ko gurup na wuta ya koma kallon ordinater kamar akwati. Ko a ranar da ba rikici, delestaj na iya zuwa fim na kashi 90 wajen fita, a sake daga farko. Zafin Afrilu na dafa na'ura, ƙurar hunturu na toshe ta. Akwai kuma gajiyar da ba a faɗa, wanda ke haɗa fim kan tamowa ko ambaliya sai ya kalli uwa ɗaya na kuka sau ɗari kafin ya san inda zai yanke.

Na'ura mai kwaikwayon murya

Manhajojin yanzu na rubuta magana da kansu, suna cire hayaniya, wasu ma na ba da jerin farko. Da Faransanci da Turanci suna ƙoƙari, da Hausar ƙauyukan Madarunfa kuwa har yanzu sai an bi da kunne. Wannan ɓangaren aiki yake ragewa, kuma aikin da yake ragewa shi ne wanda mataimaki ke koyon sana'a da shi.

Inda gardama take shi ne ƙirƙirar abin da ba a ɗauka ba. A 2021 wani dokimanter kan Anthony Bourdain, mai dafa abincin nan na Amurka da ya rasu 2018, ya sa na'ura ta karanta ƴan jimlolin da ya rubuta amma bai taɓa faɗa a makirfo ba, da muryarshi, ba a kuma gaya ma masu kallo ba. Realizater ɗin, Morgan Neville, ya ce kalmomin na mamacin ne kuma ya nemi izini, matar mamacin ta ce ba ita ta ba da ba. Wasu sun ce ba bambanci da sa wani ya karanta wasiƙa, wasu sun ce bambancin shi ne a can mai kallo ya sani.

Abin da ya shafi mutumin gari

Wanda aka zo ɗauka na da damar tambaya kafin ya zauna: wa ya aiko ku, ina za a nuna, tele ce ko Facebook ko taron masu ba da tallafi, zan gani kafin ya fita? In an miƙo takarda a dangwala, a samu mai karatu ya karanta, don sau da yawa abin da ke ciki izini ne na amfani da hoton ko'ina ba iyakar lokaci. Mai waya na iya aje ta gefe ta naɗi hirar gaba ɗaya, ranar da aka ce ya faɗi kaza yana da tashi shaida.

Mai kallo kuma, guntun sakan 20 da ya fara daga tsakiyar jimla ya ƙare kafin mutum ya sauke murya ya isa a nemi cikakken. Hoto ya bar fuskar mai magana ya koma wani wuri murya na ci gaba, wannan ba hujjar ƙarya ba ce, alama ce dai ta an yi ɗinki a nan. Kuma dokar da aka ambata a sama maganar yaɗawa take, ba ta tsaya kan wanda ya yanka kaɗai ba, wanda ya danna turawa ma na iya samun kanshi ciki.

Sai maganar rush, da kusan ba a sa ta a kontara. Na wa ne bayan an gama, wa zai aje shi, shekara nawa? A manyan gidajen fim ana adana shi, don shi ne shaida in an yi musu, kuma shi ne tarihi bayan masu maganar sun rasu. A shagon nan na Zariya dis dur guda ne, washegari kuma akwai bikin wani Alhaji da kamara biyu. Matashin ya kira projen ya tambaya ko suna son ɗanyen, suka ce fim ɗin ya ishe su, sai ya goge. Daga minti 40 na dattijon Tibiri, jimlolin nan biyu da shirun sakan biyu da ke tsakaninsu ne suka rage.